Kabejin Tarka, Tsamin Jamus da Kilishin Madawa

Wanda ya bi hanyar Ƙonni zuwa Maraɗi a watan Fabrairu ba sai an gaya masa ya shigo ƙasar Madawa ba. Ƙamshin albasa ne zai fara tarbarsa, sa'an nan idonsa ya faɗa kan buhuna jere a bakin kwalta, da tulin kabeji, wanda a nan muka fi kira shu, an jibge shi kamar duwatsun gini. Da hantsi kan kabejin a cure yake, ganyen yana ƙyalli, mai shi yana faɗin kuɗi da ƙarfin murya. Kafin la'asar ganyen waje ya yi yaushi. Sai ya shiga ɓare shi yana jefa wa awaki, kan yana ƙanƙancewa, kuɗin ma yana binsa. Da magariba ko nawa ka taya, "kawo" zai ce maka, don ya san in ya koma da shi gida kwanaki kaɗan suka rage masa. Mutumin nan wata uku ya yi yana ban ruwa, ya sayi iri, ya sayi taki, ya zuba mai a inji.

Ka koma gidansa a watan Mayu. Rijiyoyin garka sun ja baya, zafi ya ƙone abin da ya saura a fadama, tafasa da gasaya kuwa ba su tsiro ba tukuna. Yau tuwo da miyar kuka, gobe tuwo da busasshiyar kuɓewa. Gidan da ya ciyar da awaki ganye a Fabrairu, yanzu yaransa sai su yi mako ba su tauna ɗanyen ganye ba. Wannan abu ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya, kuma shi ya kai ni ga bin diddigin wani abincin dare na Jamusawa da ake yawan yabawa: kabeji mai tsami, dafaffen ganye, da niƙaƙƙen nama da ake ɗurawa a hanji, wanda muka sani da sosis. Abin da nake son mu duba shi ne ko yana da lafiyar da ake faɗa, ko zai yiwu a ƙasar Adar, da abin da ya kamata mu ara a ciki da wanda ya kamata mu bar wa masu shi.

Yadda kabeji ya yi mana yawa

Noman rani tsohon abu ne a kwarin Tarka da na Magiya, musamman na albasa, amma farin 1984 ne ya mayar da shi aikin kowa. A lokacin ne gwamnatin Seyni Kunce ta yi kira ga jama'a su duƙufa a garake don cike giɓin da damina ta bari. A wannan shekarar kuma aka fara aikin raya karkara na Keita, da kuɗin Italiya, a hannun hukumar abinci da noma ta Majalisar Ɗinkin Duniya. Mata ne suka fi ɗaukar duwatsun aikin a ka, don maza da yawa sun tafi cin rani, ladansu kuwa abinci ne. Aka jera duwatsu a kan fako, aka gina madatsun ruwa, aka dasa miliyoyin itatuwa, ruwa ya riƙa tsayawa yana shiga ƙasa a inda da yake wucewa da gudu. A gundumar Buza ma, tun 1975 ƙungiyar CARE da ma'aikatan gandun daji suka fara jera dogon yaro a kwarin Magiya don kare gonaki daga iska.

Albarkar wannan wahala ce muke gani yau a garaken Tamaske da Ibohaman, da na Karofan da Sabon Gida. Mun koyi fitar da kayan lambu, sai dai ba mu ƙware wajen ajiye shi ba. Albasa tana da rudu, inda takan yi watanni tana jiran kasuwa ta tashi. Tumatir ana tsaga shi a shanya ya zama kauɗa. Ganyen albasa ana kirɓa shi a busar ya zama gabu. Kabeji ne marayan cikinsu. Akwai matan da ke shanya ganyensa, kuma dabara ce mai kyau, amma rana tana cinye mafi yawan bitamin C da ke cikinsa. Duk wannan kuma yana faruwa a ƙasar da ƙungiyar likitoci ta MSF ta shafe shekaru tana jinyar yara masu tamowa a Madawa, tun bayan yunwar 2005.

Abin da Bajamushe ke ci

Jamusawa sun san irin wannan matsala ta wata fuskar. Su kabejinsu a ƙarshen kaka yake nuna, sa'an nan sanyi ya rufe ƙasa watanni ba a fitar da komai. Sai suka riƙa yanka shi siri-siri, su yayyafa gishiri, su danne shi a ganga ko tulu har ya yi tsami. Sunansa a bakinsu sawakirawut, ma'ana ganye mai tsami. Faransawa suna ce masa shukurut, kuma mutanen yankin Alsas sun shahara da shi. A arewacin Jamus, wajen Bremen da Oldenburg, akwai kuma wani ɗan'uwan kabeji mai baƙin ganye wanda ba ya naɗe kai, ana dafa shi lokacin sanyi a ci da sosis da dankalin turawa.

Amfanin wannan tsami ya bayyana sosai a kan teku. Matuƙan jiragen ruwa na da, in suka yi watanni ba ɗanyen ganye ba 'ya'yan itace, dasashinsu yakan kumbura ya riƙa jini, haƙora su zube, wasu su mutu. Rashin bitamin C ne. Kyaftin James Cook na Ingila, da ya tashi doguwar tafiyarsa a 1768, ya loda gangunan kabeji mai tsami a jirgi. Da ma'aikatansa suka ƙi ci, sai ya sa aka riƙa kai shi teburin manyan hafsoshi kullum, bai tilasta wa kowa ba. Ba a daɗe ba ƙananan suka fara nemansa da kansu. Ya yi amfani da wasu dabarun tare da wannan, kamar sayen ɗanyen abinci a duk inda jirgi ya tsaya, kuma cutar ba ta yi masa ɓarnar da ta saba yi wa wasu ba.

Sai dai kada yabo ya rufe mana ido. Kwanon da Bajamushe ke ci a gidan abinci sau da yawa kitse da gishiri sun yi masa yawa, kuma mafi yawan sosis ɗinsu na alade ne, wanda ya haramta ga Musulmi. Abincin wani gubar wani. Abin ara a wurinsu shi ne dabarar tulun.

Ɗan'uwan nono

Aikin da ke faruwa a cikin tulun ba baƙo ba ne a gidajenmu. A jikin ganyen kabeji akwai ƙananan halittu da ido ba ya gani, dangin waɗanda ke mayar da madara nono, su kuma sa kamu ya yi tsami kafin a dama koko. Gishiri yana janyo ruwan ganyen waje tare da zaƙinsa, yana kuma danne halittun da ke ruɓar da abinci. In aka hana iska shiga, masu tsami sai su samu fili, su cinye zaƙin su mayar da shi tsami. Tsamin nan shi ne mai gadi, don masu ruɓarwa ba sa iya rayuwa a cikinsa. Ba a sa ruwan kal, ba a sa lemun tsami, ba a kunna wuta.

Ma'aunin shi ne gishiri gram 20 ga kowane kilo 1 na yankakken kabeji, wato kimanin babban cokali ɗaya a shafe da ɗan ƙari. Kilo 5 zai ci gram 100. A ɓare ganyen waje, a wanke, a yanka siri-siri, a zuba gishirin a murza da hannu mai tsabta har ruwa ya fito. Sai a cusa shi a kwalba ko robar abinci, a danna da ƙarfi har ruwan ya hau samansa, a ɗora wankakken dutse ya riƙe shi a ƙasa, a rufe ba ƙam ba don iskar da yake fitarwa ta samu hanya. Kada a yi a tukunyar dalma, don tsami yana cin ƙarfe. Kada kuma ko kusa a yi a jarkar da ta taɓa ɗaukar mai ko maganin ƙwari.

Karon farko da na gwada, ganyen ya taso saman ruwa ban lura ba, ya yi fumfuna da yauƙi, na zubar. A karo na biyu na danne shi da dutse, na ajiye kwalbar a gindin randa inda ƙasa take da damshi. Kwana uku kumfa ta fara tasowa. Bayan kwana goma koren ya koma ruwan ƙwai-ƙwai, ƙamshin tsami mai tsabta ya tashi, ganyen kuma yana ƙaras-ƙaras a baki. Na kai wa innata a ƙaramin kwano na ce, "Inna, ɗanɗana ki ji." Ta shinshina, ta ɗauki kaɗan da yatsu biyu ta tauna a hankali, sa'an nan ta ce, "Ɗana, wanga ai ɗan'uwan nono na. Kawo ƙuli da tonka mu gani." Nan take ta kwaɗa shi da albasa, ba ta nemi gishiri ko tsamiya ba. Bakin da ya saba da rama da yakuwa da fura da nono bai ga wani abin gudu a ciki ba.

A fagen ganye mu ne masu arziki

Kashi na biyu na kwanon Bajamushe shi ne dafaffen ganye, kuma a nan ba mu da abin nema a waje. Muna da zogale, wanda yake ba da ganye kusan duk shekara in yana samun ruwa. Muna da rama da yakuwa da alayyahu da lalo a garka, da tafasa da gasaya da yaɗiya a daji, da ganyen wake a gona. Zogale kaɗai yana ɗauke da sinadarin ƙarfe mai gina jini, da na gina ƙashi, da abin da jiki ke mayarwa bitamin A mai kare ido. Hukumar Lafiya ta Duniya tana ba da shawarar babban mutum ya ci aƙalla gram 400 na ganye da 'ya'yan itace a rana. Gidan da ke cin kwaɗo da dambu ya riga ya kama hanya.

Gyaran da muke bukata a tukunya yake. Doguwar dahuwa tana kashe amfanin ganye, yawan kanwa ma haka, duk da tana sa shi laushi da wuri. Ɗan man gyaɗa kuwa yana taimakon jiki ya sha bitamin A, don haka ƙuli-ƙuli da mai a kwaɗo hikima ce ta kakanni. Akwai kuma wata gaɓa da kabeji mai tsami ke shigowa. Ƙarfen da ke cikin gero da wake da ganye jiki ba ya shan sa da sauƙi, sai in ya haɗu da bitamin C a ci ɗaya. Tsamin kabeji yana riƙe wani kaso na bitamin ɗin har makonni. Shayi mai ƙarfi da ake sha nan take bayan cin abinci kuwa akasin haka yake yi. A ƙasar da ƙarancin jini ya addabi mata masu ciki da ƙananan yara, wannan ba ƙaramar magana ba ce.

Sosis ko kilishi

Kashi na uku nama ne. Wanda ke son sosis na halal akwai margez na mutanen Arewacin Afirka, da naman sa ko na rago ake yinsa. Amma ɗanyen niƙaƙƙen nama a cikin hanji abu ne mai saurin lalacewa in ba firiji, kuma a garuruwanmu wutar lantarki ba abin dogaro ba ce. Mahautan Madawa sun daɗe da warware wannan matsala. Sukan zaɓi tsoka marar kitse, su fere ta fala-fala kamar takarda, su shanya, su tsoma a labu na tunkuza da kayan yaji, su sake shanyawa, su gasa. Kilishin Madawa sunansa ya zaga ƙasa, kuma kilishin Nijar da albasar Galmi duka sun samu rajistar shaidar asali daga hukumar kare haƙƙin fasaha ta ƙasashen Afirka, OAPI.

Gaskiya ɗaya ce dai ba zan ɓoye ba. A watan Oktoba na 2015 cibiyar binciken cutar daji ta Hukumar Lafiya ta Duniya, wadda ke birnin Liyon, ta sa sarrafaffen nama a jerin abubuwan da ke jawo sankarar hanji, ta ce cin gram 50 kullum yana ƙara haɗarin da kimanin kashi 18 cikin 100. Sosis yana ciki, kuma naman da aka adana da gishiri da shanya yana cikin ma'anar. Wannan gargaɗi ya fi shafar ma'aikaci ko ɗan kasuwar da ke cin nama dare da rana. Talakan ƙauye da kan yi makonni bai ga nama ba, matsalarsa ƙarancinsa ce, kuma ɗan kilishin da aka marmasa a kwaɗo alheri ne ga yaransa. Hukunci ɗaya ya dace da su duka: nama ya zama ɗanɗano a kan ganye, kada ya zama shi ne abincin.

Inda gizo ke saƙa

Babban cikas zafi ne. Tsamin kabeji ya fi kyau a sanyin da bai wuce digiri 18 zuwa 22 ba, inda yakan ɗauki mako uku zuwa huɗu. A zafi yana nuna da sauri, amma yana saurin laushi da lalacewa. Sa'ar da muka yi ita ce kabejinmu lokacin ɗari yake fitowa, Disamba zuwa Fabrairu, sa'ad da dare ke da sanyi. Matsalar tana zuwa ne a Afrilu da Mayu, da zafi ke haura digiri 40, kuma a lokacin ne aka fi bukatar ganyen. Dabara biyu za su taimaka. Ta farko ta Mohammed Bah Abba ce, malamin nan na Jigawa da ya samu lambar yabo ta Rolex a 2000: a sa ƙaramar tukunyar ƙasa cikin babba, a cika tsakaninsu da jiƙaƙƙen yashi, a rufe da jiƙaƙƙen ƙyalle a inuwa. Busasshiyar iskarmu ita ke sa ta yi sanyi, kuma kwalbar kabeji za ta zauna a ciki. Ta biyu ta mutanen Nepal ce, masu tsamar da ganye a tulu na wasu kwanaki, sa'an nan su shanya shi ya bushe, su riƙa miya da shi watanni. Suna kiransa gundruk. Shanyar za ta rage bitamin C, amma ganyen da ɗanɗanonsa za su kai damina.

Gishiri ma abin lura ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babba ya kai gram 5 a rana, gram 100 na kabeji mai tsami kuwa yana iya ɗaukar kusan gram 2. Mai hawan jini ya ɗauraye shi da ruwa kafin ya ci, ya kuma ci kaɗan. Sai batun feshi. Tsutsa tana son kabeji, manoma da yawa kuma suna yi masa feshi ba ƙaƙƙautawa, wani lokaci da magungunan da ba a amince da su ba, irin su piya-piya. Kada kowa ya ɗauka tsami zai wanke guba. A nemi kabejin da aka daina fesawa kwanakin da aka ƙayyade kafin a yanke, a ɓare ganyen waje, a wanke sosai. In kwalba ta yi yauƙi, ko warin ruɓa, ko baƙar fumfuna, a zubar ba tare da ɗanɗanawa ba. A kuma sani kabeji mai tsami ba ya cika ciki, ba kuma maganin tamowa ba ne. Yaron da ya rame asibiti za a kai shi.

Kwanon dare

Ga yadda nake ganin abincin zai zauna a gidan Ba'adare. A sulala zogale ko rama a taƙaice, a matse. A yanka albasar Galmi da tumatir in akwai. A zuba dakakken ƙuli-ƙuli, ɗan yaji, da cokali ɗaya ko biyu na man gyaɗa. A marmasa kilishi kamar faɗin tafin hannu ga kwanon gida duka. Daga ƙarshe, bayan an sauke komai daga wuta, a zuba kabeji mai tsami, ɗan dunƙulen hannu ga kowane babba, don wuta tana kashe halittun masu amfani tana kuma rage bitamin. Kada a ƙara gishiri, kada a jefa dunƙule, kabejin da kilishin sun wadatar. A ci da dambun gero, ko wake, ko dankalin turawa kamar yadda Jamusawa ke yi. A jinkirta shayi kamar awa ɗaya.

Duk abin da ke cikin kwanon nan daga Tarka da Magiya da tsaunukan Keita ya fito, sai gishiri. Dabarar kaɗai muka aro, ita ma mun tarar da danginta a ƙwaryar nono.

Ina kira ga ƙungiyoyin mata masu sarrafa kayan lambu a Madawa da Buza da Keita, da malaman gona, da ungozomomin da ke koya wa uwaye abincin yara: in ɗari ya shigo bana kabeji ya faɗi, ku sayi kilo 5, ku auna gishiri gram 100, ku cika kwalba ku ajiye a gindin randa. Ku rubuta ranar da kuka rufe, da ranar da ya nuna, da ranar da ya fara laushi, ku gaya wa juna abin da kuka gani, don mu san kwanakin da yake yi a zafinmu. Sai an gwada akan san na ƙwarai. Iyayenmu mata sun ɗauki duwatsu a ka har ruwa ya tsaya a ƙasar nan, bai kamata abin da ruwan ya fitar ya riƙa ƙarewa a bakin awaki ba.